Hannun da Ya Sauka: Darasi Daga Fagen Dambe

Ya kai mai karatu, idan ka taɓa tsayawa a bakin fagen dambe da kaka, sa'ad da an kai hatsi rumbu, kalangai suna tashi, maroƙa suna zuga samari, to, ka san dokar wannan wasa. Ɗan dambe ya kan naɗe hannu guda da zare har ya yi tauri, shi ne mashinsa. Ɗaya hannun kuwa ya miƙa shi gaba a buɗe, shi ne garkuwarsa. Da zarar gwiwarsa ko tafinsa ya taɓa ƙasa, sai a ce an kashe shi. Magana ta ƙare ke nan, sai wata rana.

Akwai wani irin dambe kuma wanda ya fito daga ƙasar Turawa, har ya bazu ko'ina cikin duniya. An buga dokokinsa a Ingila a shekara ta 1867. A cikinsa da hannu biyu a ke naushi, kowane hannu cikin safa ta fata mai cushe. Fagen kuwa dandamali ne mai kusurwa huɗu, an kewaye shi da igiyoyi. Kowane turmi minti uku ne, sa'an nan a huta minti ɗaya. Amma ga dokar da ta fi raba shi da namu: wanda aka kayar ba a cewa an kashe shi nan da nan. Alƙali ya kan tsaya a kansa ya ƙirga daga ɗaya zuwa goma. In ya miƙe kafin goma, yana da sauran rabo; in bai miƙe ba, an cinye shi.

Ka riƙe wannan ƙirga a zuciyarka, gama ta yi kama da zaman duniya ƙwarai. Ba safai faɗuwa ɗaya ta kan gama da mutum ba. Jari ya karye, gona ta ƙi, an sallame ka daga aiki, ko kuwa ka yi abin kunya a idon jama'a: kana ƙasa lalle, amma ana ƙirgawa tukuna. Abin tambaya shi ne ko za ka tashi, in ka tashi kuma, ko za ka tashi da halin nan da ya kayar da kai.

Kada fa ka ce muna aikenka fage. Dambe wasa ne mai haɗari. Tun a 1928 wani likita a Amurka ya bayyana ciwon da ke kama tsofaffin 'yan dambe, watau rawar jiki da nauyin harshe da mantuwa, saboda yawan naushin da kai ya sha. Likitocin yanzu kuwa sun tabbatar ƙwaƙwalwa ba ta mance duka. Koyi mu ke nema a nan, ba tsokana ba. Ba mu ne muka fara ɗaukar wannan misali ba. Kusa da birnin Korinti a ƙasar Helenawa a kan yi manyan wasanni shekara biyu biyu, har da dambe a ciki, mutanen garin kuwa sun saba ganin irin wahalar da 'yan wasa su ke sha kafin ranar. Saboda haka sa'ad da Manzo Bulus ya so ya koya musu kamun kai, a sura ta tara ta wasiƙarsa ta fari gare su, sai ya kwatanta kansa da ɗan dambe, ya nuna musu abokin karawarsa na fari shi ne jikinsa. Bari mu dubi wannan magana cikin rayuwar mutum guda.

FAƊUWA BAKWAI

An haifi Joe Louis ran 13 ga Mayu, 1914, a jihar Alabama ta kudancin Amurka. Baƙar fata ne, jikan bayi. Iyayensa suna noman auduga a gonar wani, a raba amfanin da mai gona. Yana ɗan shekara biyu aka kai ubansa asibitin masu taɓin hankali. Yaron kuma yana da i'ina, har ya zama ba ya son magana cikin mutane. A 1926 iyalin suka yi ƙaura zuwa Detroit, birnin da a ke ƙera motoci, can arewa. Nan ya yi dakon ƙanƙara, yana hawa da ita benaye a kafaɗa. Ana ba da labari uwarsa ta riƙa ba shi kuɗi domin ya koyi goge irin na Turawa, shi kuwa ya riƙa kai su gidan koyon dambe.

A 1932 ya shiga fage karo na fari, cikin damben da ba a biyan kuɗi. Aka haɗa shi da wani gwani, Johnny Miler. Cikin turmi biyu kaɗai Miler ya kayar da shi sau bakwai.

Ka tsaya a kan wannan lissafi. Ba a kayar da mutum sau bakwai sai ya tashi sau shida a tsakani. Yaron bai iya kome ba a ran nan, bai san tsayuwa ba, bai san kariya ba. Abu ɗaya kaɗai ya kawo daga gida, shi ne ƙin kwanciya. Wannan shi ne mafarin jimiri, ba a raina shi kuwa. Amma ka lura, tashin bai cece shi ba: kowane tashi sabon naushi ya jawo masa. Mutane da yawa suna yabon irin wannan taurin rai kamar shi ke nan dukan jaruntaka. Ba haka ba ne. Akuya ma ta kan koma gonar da aka jefe ta. Abin da ya bambanta yaron nan shi ne ya koma wurin koyo, ya yarda bai sani ba. Bayan shekara biyu, a 1934, shi ne zakaran ajinsa a dukan Amurka cikin masu damben da ba na kuɗi ba.

A wannan shekara ya shiga damben sana'a, aka ba shi malami, wani tsohon ɗan dambe baƙar fata mai suna Jack Blackburn. Mutum ne mai zafi, wanda ya taɓa zaman kurkuku, bai kuma iya daɗin baki ba. Bai fara da koya masa naushi ba, gama naushi kam yaron yana da shi. Ya fara da ƙafa: yadda zai tsaya nauyinsa ya daidaita, yadda zai matsa gaba kaɗan kaɗan ba tare da ya harɗe ba, yadda zai yi gajeren naushi wanda ba ya ɓata ƙarfi a iska. Aikin ɗan dambe galibinsa ba a gaban 'yan kallo a ke yinsa ba. Gudu ne da asuba tun gari bai waye ba, da tsallen igiya, da dukan buhu, da maimaita motsi guda sau ɗari har jiki ya haddace shi, da barin abincin da rai ke so, da kwanciya da wuri sa'ad da tsara su ke yawo. Kowa ya ci zomo ya ci gudu. Minti kaɗan da a ke tafa masa a fage, watanni ne na wahalar da ba wanda ya gani.

Masu kula da shi suka kafa masa dokoki kuma. Kada ya yi dariya ko alfahari a kan wanda ya kayar. Kada ya shiga gidan rawa shi kaɗai. Kada ya yarda a saye shi ya faɗi da gangan. Kada a ɗauki hotonsa da mace Baturiya. Dole mu faɗi gaskiya a nan: waɗansu dokokin nan ba daga adalci suka fito ba, daga tsoron zalunci ne. Kafin Louis an yi wani baƙar fata, Jack Johnson, wanda ya riƙe kambin masu nauyi na duniya daga 1908 zuwa 1915; Turawan Amurka suka ƙi jininsa ƙwarai, har bayansa aka yi shekara ashirin da biyu ba a bar wani baƙi ya nemi kambin ba. Aka ɗora wa saurayin nan kayan da ba a ɗora wa tsaransa farare ba. Duk da haka dokar fari ta cancanci kowane mutum, ko wace irin fata gare shi. Louis ya kan kayar da mutum, ya juya ya tafi kusurwa, fuskarsa shiru kamar ba abin da ya faru. Kai fa, ranar da ka yi nasara a kan maƙwabcinka a gaban alƙali, ko ka fi abokin sana'arka kasuwa, yaya fuskarka ta ke?

A 1935 ya kayar da mutum biyu waɗanda suka taɓa riƙe kambin duniya: Primo Carnera na Italiya, ƙato mai tsawon kusan mita biyu, a watan Yuni, da Max Baer a watan Satumba. Yana ɗan shekara 21. Kuɗi suka zo, jaridu suka cika da sunansa, aka soma cewa ba a haifi wanda zai tsaya gabansa ba. Shi ma ya soma gaskata su.

ABIN DA BAJAMUSHE YA GANI

Aka shirya masa karawa da Max Schmeling, mutumin Jamus, wanda ya riƙe kambi daga 1930 zuwa 1932. Schmeling ya kai shekara talatin, mutane suna cewa ya ƙare. Amma wannan mutum ya yi abin da sauran ba su yi ba. Ya je ya zauna cikin 'yan kallo a watan Disamba na 1935 ya dubi Louis yana dambe. Ya samo majigin wasanninsa, ya yi ta kallo yana maimaitawa. Sauran mutane suna kallon wanda a ke duka, shi kuwa yana kallon mai dukan. Sai ya ga wani abu ƙarami. Idan Louis ya jefa naushin hagu, ba ya mai da hannun sama wurin haɓarsa nan da nan. Ya kan bar shi ya ɗan sauka. Kamar ƙiftawar ido ne, amma a cikin wannan ƙiftawa gefen fuskarsa a buɗe ya ke ga hannun dama na abokin karawa. Schmeling ya faɗa wa 'yan jarida ya ga wani abu, bai ce ko mene ne ba. Suka yi masa dariya.

Louis kuwa a sansaninsa na Lakewood ya sami sabon abin sha'awa, watau wasan golf, wanda a ke buga 'yar ƙwallo da sanda har ta faɗa rami. Ya riƙa rage aikin fage ya tafi filin golf cikin rana. Blackburn ya yi faɗa, ba a ji ba. Wa zai gaya wa wanda ya yi dambe sama da ashirin ba a taɓa cinye shi ba cewa yana da aibi?

Ran 19 ga Yuni, 1936, suka haɗu a babban filin wasa na Yankee a New York. A turmi na huɗu hannun hagu ya sauka kamar yadda ya saba, hannun daman Schmeling ya bi ta kansa, Louis ya zube. Tun da ya shiga damben sana'a, ran nan ne ya fara taɓa ƙasa. Ya tashi. Ya yi turmi bakwai kuma a tsaye, fuska a kumbure, kai yana juyawa, yana shan wannan naushi guda ɗaya sau da sau, gama jikinsa ya riga ya haddace kuskuren, ba ya kuwa gyaruwa a tsakiyar fage. A turmi na goma sha biyu ya faɗi, alƙali ya ƙirga har goma.

Ya ɗan'uwa, a nan zuciyar darasin ta ke. Ba ƙarfi ne ya gaza wa Louis ba, ba kuwa zuciya ba. Wanda ya jure turmi bakwai cikin wannan hali ba matsoraci ba ne. Abin da ya kayar da shi ƙaramin hali ne wanda ya daɗe tare da shi, nasara kuwa ta rufe shi. Sau ashirin da wani abu hannun nan yana sauka ba a hukunta shi ba, sai ya zaci ba laifi ba ne. Haka al'amarin ya ke ga kowa. Akwai ɗan kasuwa mai gaskiya wanda ba ya rubuta bashi. Akwai malami mai ilimi wanda ba ya iya riƙe harshensa in an taɓa shi. Akwai magidanci mai ƙwazo wanda in ya karɓi albashi sai ya ratse ta wata hanya kafin ya kai gida. Shekaru suna wucewa lafiya, har ya ce ai haka Allah ya yi shi. Amma jinkirin hukunci ba ya nuna babu tsaga a bango. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Abin baƙin ciki kuwa, sau da yawa maƙiyinka ya fi ka sanin inda hannunka ke sauka, domin shi ya zauna ya dube ka, kai kuwa ba ka taɓa zama ka dubi kanka ba. Mai ƙaunarka ya gaya maka, ka ce ya cika mita.

Louis bai ɗora laifin a kan alƙali ba, bai ce sammu aka yi masa ba. Ya ɓuya 'yan kwanaki saboda kunya, sa'an nan ya koma wurin Blackburn. Wata biyu bayan faɗuwarsa, a watan Agusta, ya sake shiga fage ya kayar da Jack Sharkey, wani tsohon zakara, a turmi na uku. Ran 22 ga Yuni, 1937, a Chicago, ya kara da mai riƙe da kambi, James Braddock. A turmin fari Braddock ya kayar da shi. Ya miƙe ba gaggawa ba ruɗewa, ya koma kan abin da aka koya masa, ya gama da Braddock a turmi na takwas. Ya zama zakaran duniya yana ɗan shekara 23. Amma ya ce shi bai ɗauki kansa zakara ba sai ran da ya sake haɗuwa da Schmeling.

A nan ya kamata a yi wa Schmeling adalci. Bisa ga ƙa'ida shi ne ya cancanci karawa da Braddock, an ma sa rana. Aka zagaye shi saboda kuɗi da siyasa. Ya zo New York, ya hau ma'auni a ranar da aka sa, abokin karawa bai zo ba. Ya haƙura ya jira shekara guda.

MINTI BIYU DA DAƘIƘA HUƊU

Kafin su sake haɗuwa duniya ta canza. Hitler yana mulkin Jamus tun 1933, mutanensa kuwa sun ɗauki nasarar Schmeling ta 1936 suna shela da ita, wai shaida ce jinsinsu ya fi baƙar fata. Yaƙi yana matsowa. Sai aka ɗora wa mutum biyu nauyin ƙasashe biyu. Ka duba abin mamaki: Louis zai yi dambe da sunan ƙasar da a jihohinta na kudu ba a yarda ya ci abinci a ɗaki ɗaya da fararen da ke yi masa kirari ba.

Wannan karo ba golf. Ya shiga sansani a Pompton Lakes ya yi aiki kamar wanda bai taɓa cin kome ba. Suka gyara hannun hagu. Suka kuma shirya dabara: tun da ya ke Schmeling mai jira ne, mai auna lokaci kafin ya saki damansa, to, ba za a ba shi lokacin ba ko kaɗan.

Ran 22 ga Yuni, 1938, mutum wajen dubu saba'in suka taru a filin nan na Yankee, miliyoyi kuma suna sauraro ta rediyo a ƙasashe da yawa. Kana tsammani Louis bai ji tsoro ba? Zai hau dandamalin da aka wulakanta shi a kai, ya fuskanci mutumin da ya yi masa haka, duniya duka tana ji. Ƙarfin hali ba rashin tsoro ba ne. Wanda bai san zafin naushin ba, shigarsa fage ba jaruntaka ba ce, rashin sani ne. Louis ya san zafinsa sarai, ya kuwa nufe shi. Aka kaɗa ƙararrawa, ya matsa, bai ja da baya ba. Ya kayar da Schmeling sau uku. Mai horar da Schmeling ya jefa tawul cikin fage, alƙali ya tsai da wasa. Minti biyu da daƙiƙa huɗu ke nan duka. Aka kai Schmeling asibiti da tsagewa a ƙashin baya.

Mutane sun kan tuna da minti biyun nan. Kai ka tuna da shekara biyun da suka haife su.

Akwai wani irin ƙarfin hali kuma wanda ba a tafa masa. Schmeling ya koma gida a kunyace, masu mulki suka juya masa baya. Bai taɓa shiga jam'iyyarsu ba, ya kuma ƙi rabuwa da wakilinsa Joe Jacobs, wanda Bayahude ne, ko da ya ke an matsa masa. A watan Nuwamba na wannan shekara, daren da aka fasa kantunan Yahudawa aka ƙone majami'unsu a dukan Jamus, ya ɓoye 'ya'yan wani abokinsa Bayahude su biyu a ɗakinsa na masauki a Berlin har ƙura ta lafa. Bai yi shelar abin ba. Sai a 1989 ɗaya daga cikin yaran, ya riga ya manyanta, ya faɗa a gaban jama'a. Ba mu ce Schmeling ba shi da abin zargi ba: ya ci abinci da Hitler, ya bar su sun yi ado da sunansa. Amma a daren da taimako ya ke da tsada, ya buɗe ƙofarsa.

ƊAYA HANNUN

Louis ya riƙe kambi daga 1937 zuwa 1949, ya kare shi sau 25. Har yau ba wani mai nauyi da ya kai wannan. A 1941 wani mai sauri, Billy Conn, wanda bai kai shi nauyi ba, ya sha gabansa a lissafi har turmi goma sha biyu. Da Conn ya ci gaba da dabararsa ta bugu da gocewa, da ya ɗauke kambin. Sai zuciya ta ɗebe shi, ya so a ce shi ne ya kayar da Louis ƙasa. Ya tsaya musayar naushi a turmi na goma sha uku, aka ƙirga masa goma. Louis ya yi haƙurin turmi goma sha biyu, Conn ya kasa haƙurin uku.

A 1942 Louis ya ba da ladan dambensa biyu ga asusun taimakon iyalan mayaƙa, ya kuma shiga soja, cikin rundunar da a lokacin ta ke ware baƙi dabam da farare. Ya yi ta yawo yana wasa a gaban sojoji domin ya ƙarfafa su. A wannan shekara ce Blackburn ya rasu.

Da labarin ya tsaya nan, da ya yi daɗin faɗi. Amma wanda ya ke son koyi ba ya tsallake shafi. Mutumin nan da ya iya hana kansa barci da abinci saboda fage, bai iya hana kansa kome ba a wajen fage. Dokokin da aka kafa masa sun tsare sunansa a jarida, ba su tsare gidansa ba. Ya yi ta neman mata a ɓoye, matarsa Marva ta rabu da shi a 1945, suka koma, suka sake rabuwa a 1949. Ladan dambensa ya wuce dala miliyan huɗu, ko da ya ke masu kula da shi sun kwashi rabo mai yawa. Abin da ya iso hannunsa kuwa bai zauna ba. Ya yi kyauta ba lissafi, wannan kam halin kirki ne a cikinsa, har ya mayar wa birnin Detroit kuɗin agajin da aka taɓa ba iyalinsa. Amma ya yi caca a filin golf, ya zuba kuɗi cikin sana'o'in da bai sani ba, ya ci bashi a kan damben da bai yi ba tukuna, bai kuwa ajiye na haraji ba. Harajin masu babban samu a Amurka a zamanin nan ya kan kai kashi casa'in cikin ɗari. Gwamnatin da ya yi wa hidima ba ta sassauta masa da wuri ba, wannan kuwa abin kunya ne gare ta. Bashin ya yi ta haihuwa har ya wuce dala miliyan ɗaya.

Saboda bashi ya komo fage bayan ya yi sallama da shi. A 1950 Ezzard Charles ya cinye shi da lissafi. A watan Oktoba na 1951 wani saurayi, Rocky Marciano, ya fitar da shi ta tsakanin igiyoyi a turmi na takwas. Daga baya ya shiga kokawar nishaɗi domin neman abin biya, ya faɗa shan ƙwaya, a 1970 kuma aka kwantar da shi asibiti saboda ruɗewar hankali.

Me za mu ce? Dambe ya koya masa horo, gaskiya ne, amma horon bai bi shi gida da kansa ba. A fage yana da Blackburn mai tsawa, da ƙararrawa, da ma'auni, da rana sananniya wadda za a gwada shi. A sha'anin kuɗi da sha'awa ba mai tsawa, ba ƙararrawa, waɗanda ke kewaye da shi kuwa da saukar hannun su ke ci. Kada ka ruɗi kanka da cewa tun da ka iya tashi da asuba domin gona, ko ka iya haƙuri da maigidanka a wurin aiki, ka zama mai kamun kai ke nan. Mutum ya kan zama soja a waje guda, ya zama jariri a wani. Ka tambayi kanka a wane fage ne ba ka da mai gaya maka gaskiya. Idan akwai wanda ya taɓa nuna maka aibinka har ka yi fushi da shi, ka koma ka neme shi tun ana ƙirgawa. Mai yiwuwa shi ne Blackburn naka. Idan kuwa kai ne ka ga hannun ɗan'uwanka yana sauka, kana da zaɓi irin biyu: ka ajiye sanin domin ranar da za ka buge shi, ko ka ja shi gefe ka faɗa masa a asirce.

Schmeling ya yi aikin sojan laima a yaƙi, ya fito da rai, ya rasa dukiyarsa, ya sake farawa. Daga baya ya sami wakilcin kamfanin Coca-Cola a Jamus, ya yi arziki. A 1954 ya je Amurka, ya nemi gidan Louis a Chicago. Mutum biyun da aka sa su zama alamar gaba tsakanin al'ummai suka zauna suka yi hira, suka zama abokai har ƙarshen rai. Sa'ad da hannun Louis ya bushe, Schmeling yana cikin waɗanda suka taimake shi da kuɗi.

A shekarunsa na ƙarshe Louis yana aiki a wani babban masauki mai gidan caca a Las Vegas, yana yi wa baƙi maraba, suna ɗaukar hoto da shi. Ya rasu ran 12 ga Afrilu, 1981, yana da shekara 66. Bisa ga umarnin Shugaba Reagan aka binne shi a Arlington, maƙabartar da Amurka ta keɓe wa sojojinta. Schmeling ya yi shekara ashirin da uku da 'yan watanni a bayansa, ya rasu ran 2 ga Fabrairu, 2005, saura wata bakwai da 'yan kwanaki ya cika shekara ɗari.